Sajen da Ya Ƙaura da Iyalinsa a Takarda

An yi wani mutum, soja ne, mai igiya uku a hannun riga. Ya 'yan uwa, ba zan faɗi sunansa ba, don ba tonon asiri ne ya tara mu ba. Mu kira shi Saje, yadda kowa ke kiransa, har matarsa.

Tun farko ina so ku cire wani abu daga ranku. Da an ce za a ba da labarin mai zunubi, sai kowa ya hango mashayi ko ɗan caca, ya gyara zama yana jin daɗi, don ya san ba da shi ake ba. To, yau da mu ake, ni da ku. Saje ba ya shan komai sai shayi. Ba ya wasa da salla. Shekara goma sha tara yana aiki, ba a taɓa rubuta sunansa cikin masu laifi ba. Kurata na rawar jiki in suka ji muryarsa a filin fareti, amma duk barikin an san cewa in ya koma gida, muryar nan a bakin ƙofa yake cire ta tare da takalmansa.

Matarsa tela ce, tana da kekenta a lungun falo. Shi ba ya kiranta da komai sai Kwamanda. In ya shigo sai ya ƙame, ya sara mata, ya ce, "Kwamanda, ƙaramin soja ya dawo, ko akwai abin taɓawa?" Ita kuma ko kai ba ta ɗagowa daga ɗinki, sai ta ce ƙaramin soja ya fara wanke hannu tukuna. Suna da 'ya guda, 'yar shekara biyar, wadda suka daɗe suna roƙon Allah kafin ya ba su. Akwai kuma mahaifiyarsa, tsohuwa mai ciwon gwiwa, tana zaune tare da su. Wallahi in ka shiga gidan nan ba ka son fita.

Abu ɗaya ne ke damun Saje. Yana da ɗan fili a gefen gari, shekara shida yana gininsa, yau bulo ashirin, wani watan buhun siminti biyu. Ɗaki biyu da falo. Ginin ya kai linta, wato saman ƙofofi da tagogi, ya tsaya cak, babu kuɗin rufi. Damina uku ruwa na dukan bangon, ciyawa ta fito a tsakar falo. Ranar hutu yakan kwashi iyalin su je su gano shi, yarinyar ta shiga da gudu tana nuna inda gadonta zai zauna, shi kuwa ya ɗaga kai ya ga sarari a inda kwano ya kamata ya kasance. Matarsa ta san abin na cin ransa.

Ana nan sai takarda ta fito, an sauya masa wurin aiki zuwa wani bariki mai nisa, tafiyar yini guda a mota.

A rundunarsu akwai kuɗin da ake ba soja in an yi masa irin wannan sauyi, kuɗin ƙaura. Takardar da ake cikewa tana da gurbi biyu. Na farko, kai kaɗai za ka tafi, a ba ka kuɗin mota da na guzuri, a sauke ka a ɗakin gwauraye. Na biyu, da iyali za ka tafi, a ba ka kuɗin babbar motar kwasar kaya, da kason kowane mutum da ke ƙarƙashinka, a kuma ba ka gidan masu iyali a can. Tsakanin na farko da na biyu akwai tazara mai yawa. Saje ya duba tazarar nan, ya ga kusan daidai take da kuɗin katako da kwano da ƙusa da ladan kafinta.

Shi da matarsa sun riga sun yanke shawara cewa shi kaɗai zai fara tafiya, saboda gwiwar tsohuwa da kuma masu kawo ɗinki. Ya shiga ofis da niyyar cike gurbin farko. Akawun da ke karɓar takardu, wanda suka daɗe da sanin juna, ya leƙo ya ga inda alƙalami ya nufa, sai ya yi tsaki.

"Haba Saje! Wa zai bi ka can ya ƙirga kawuna? Sa na biyu mana. Kowa haka yake yi."

Ya 'yan uwa, kun ji kalmomin nan huɗu? Kowa haka yake yi. Mutum nawa suka kai ga halaka? Wane ne a cikinmu ba a taɓa raɗa masa su ba, a kasuwa, ko a ofis, ko a bakin sikeli?

Saje ya daɗe riƙe da alƙalamin. Bai ce wa kansa zai yi sata ba. Babu mai ce wa kansa haka. Abin da ya ce shi ne, wata biyu kacal, in na tara ɗan abin da na tara sai in dawo in kwashe su, maganar ta zama gaskiya. Ya ce ai ba don kaina ba ne, don yarinyar nan ne. Ya ce shekara goma sha tara ina bauta wa aikin nan, me na ci? Da ya gama lallashin zuciyarsa, ya sa alama a gurbi na biyu, ya rattaba hannu a ƙasan layin da ke cewa duk abin da ya rubuta gaskiya ne.

Kuɗi suka fito. Cikin sati uku gida ya rufu, kwano na ƙyalli tun daga bakin titi. Ranar da suka tare, tsohuwa ta yi ta sa albarka har muryarta ta dushe. Matar ta ja shi gefe ta ce, "Saje, ina ka samo wannan duka?"

Ya ce, "Haƙƙina ne, Kwamanda. Kuɗin ƙaura ne."

Ta ɗaga hannu ta yi wa rundunar addu'a, ta ce Allah ya saka musu da alheri da suke tuna ƙananan ma'aikata. Shi ya ce amin, yana kallon ƙasa. Ya kuma gaya mata cewa a can ɗakin gwauraye za a sa shi, su huɗu a ɗaki, babu wurin saukar iyali tukuna. Da zai tafi ya roƙe ta zanenta guda, wanda ta fi ɗaurawa. Ta yi dariya har da ƙwalla, ta ce ashe ƙaramin soja ya iya soyayya. Ta ninke masa da hannunta ta sa a jaka.

A sabon bariki aka miƙa masa mabuɗin gidan masu iyali, na ƙarshen layi, jikin katanga. Bayansa a layin karɓar mabuɗi akwai wani kofur, yaro matashi, da mata da 'ya'ya uku, suna cushe a ɗaki ɗaya tun watanni. Aka ce wa kofur gidaje sun ƙare, ya ƙara haƙuri. Kofur ya sara, ya juya. Saje ya ga fuskarsa, ya sa mabuɗin a aljihu.

Daga nan aiki ya samu. Gidan da takarda ta ce mutum huɗu ne a ciki, dole ya yi kama da gidan mutum huɗu. Saje ya sayo labule mai kauri. Ya shiga kasuwa ya sayo takalmin mata da ƙaramin takalmin yarinya, ya jera a bakin ƙofa, kullum da safe yana sauya musu zama don kada a ga ba sa motsi. In zai fita aiki sai ya bar rediyo a kunne. Duk bayan kwana uku ya jiƙa zanen nan da babu mai ɗaura shi, ya shanya a igiya. Ku dubi abin tausayi, jama'a. Ƙato mai igiya uku, a tsugune a bayan gida yana wanke zane mai tsabta yana waige-waige.

Matan layin kuwa mutanen kirki ne. Suka fara zuwa yi wa baƙuwa sannu da zuwa. Yau ya ce ta kai tsohuwa asibiti, gobe ya ce kanta na ciwo ta kwanta, jibi ya ce sun je ganin dangi cikin gari. Wata rana aka ƙwanƙwasa, ya buɗe, ya ga matar kofur ɗin nan da kwanon abinci a rufe, goye da jariri. Ta ce, "An ce yaya ba ta jin daɗi, ga wannan ko za ta iya taɓawa." Ya karɓa. Ya zauna shi kaɗai a falon da babu ko kujera, ya ci abincin matar da ya hana wa gida. Washegari ya mayar da kwano ya ce matarsa ta gode ƙwarai.

Wata biyu suka wuce. Abin da ya tara ya tafi a tagogi da ƙyaure, don ba a barin mata da tsohuwa a gidan da babu ƙyaure mai ƙarfi. Wata uku, ya tafi a shafen bango. Kullum da yamma yana kiran gida, yarinyar ta ƙwace wayar ta ce, "Baba, yaushe za ka zo ka kai mu wurinka?" Ya ce an kusa. Matan layi kuma suka fara yi masa ba'a in zai wuce: "Saje, matar nan taka aljana ce? Muna ganin zane, ba ma ganin mai zane!" Yana dariya tare da su, gumi na bin bayansa.

Maganar da aka fara da wasa ta yi ta yawo har ta isa kunnen kyaftin ɗin da ke kula da gidaje. A wata na huɗu aka liƙa sanarwa: nan da kwana goma za a bi gida-gida a ga masu zama a ciki.

Ya 'yan uwa, a nan Allah ya buɗe masa ƙofa. Kwana goma cur. Da ya je ya sami kyaftin ya ce na yi kuskure, ga mabuɗi, a riƙa cirewa daga albashina, da wataƙila abin ya tsaya a rage igiya. Bai je ba. Da ya kira matarsa ya faɗa mata gaskiya, da ta ba shi shawarar da za ta fisshe shi. Sau uku yana ɗaukar waya don ya faɗa, sau uku yana ƙarewa da tambayar gwiwar tsohuwa. Ya san wadda yake aure. Mace ce da in ta yi wa mutum ɗinki, ƙyallen da ya rage ko faɗin tafin hannu ne sai ta ninke ta mayar wa mai shi. Da wane baki zai gaya mata cewa rufin da take kwana a ƙarƙashinsa da rantsuwar ƙarya aka saye shi? Ya fi jin kunyar matarsa fiye da tsoron kyaftin, kuma ya fi tsoron kyaftin fiye da tsoron Wanda ya halicci kyaftin. A nan lissafinsa ya karkace.

Abinci ya daina shiga. Muryarsa ta canza. Uwa kuwa ba a ɓoye mata irin wannan. Tsohuwa ta saurare shi a waya, da aka kashe ta ce wa surukarta, "Wannan ba muryar ɗana ba ce. Akwai abin da ke cinsa. Ki bar ni da maƙwabta, ki je ki gano min shi." Matar ma dama hankalinta ba a kwance yake ba. Ta ƙarasa wata riga da take ɗinka masa, ta yi ɗan guzuri, ta kama hannun yarinya, suka hau motar asuba. Ba ta gaya masa ba, don ta san zai ce kada ta wahalar da kanta, kuma tana so ta ga yadda fuskarsa za ta yi in ya gan su. Ranar ita ce ta goma.

Sun iso ƙofar bariki bayan la'asar. Sojan da ke gadi ya tambaye ta wurin wa ta zo, ta faɗa, ta ce ita matarsa ce. Ya buɗe littafi ya bi layi da yatsa, ya ɗago ya dube ta.

"Matar Saje ai tana ciki. Wata huɗu ke nan."

Ta yi dariya ta ce, "Ƙanena, sake dubawa. Yau na fara taka garin nan." Ya rasa yadda zai yi, sai ya ce ta biyo shi a je gidan a warware.

A daidai lokacin kyaftin yana tsaye a ƙofar Saje da takarda a hannu. Ya ga takalma a jere. Ya ga zane a igiya. Ya ji rediyo na magana a ciki. Ya ce ina iyalin? Saje ya ƙame ya ce, "Tana ciki a kwance, ranka ya daɗe, ba ta jin daɗi. Yarinya da tsohuwa kuma barci suke." Kyaftin mutum ne mai kunya, ba zai kutsa kan matar wani tana kwance ba. Ya ce Allah ya ba ta lafiya, ya ɗora alƙalami a kan takarda zai sa hannu. Saje ya fara sauke numfashi.

Sai aka ji wata 'yar murya daga farkon layi: "Baba!"

Yarinyar ta ƙwace daga hannun uwarta ta sheƙo da gudu, ta rungume ƙafarsa tana tsalle. Uwar na biye da jaka a hannu, ga gajiyar hanya, amma fuskarta cike da murmushi. Matan layi suka firfito. Ta iso, ta ga gida mai ɗaki biyu a inda aka ce mata ɗakin gwauraye ne. Ta ga zanenta a igiya. Ta ga takalmin da ba nata ba. Murmushin bai gama barin fuskarta ba, tana jiran ya yi mata bayani.

Kyaftin ya ɗage alƙalami ya ce, "Saje, wace ce wannan?"

Ya 'yan uwa, har a wannan lokacin ƙofa ba ta rufe ba. Aikin ya riga ya tafi, wannan kam babu makawa. Amma akwai abin da ya rage masa, wanda ya fi aikin, ya fi gidan. Kalma biyu kawai ake nema, matata ce. Sai dai harshen da ya yi wata huɗu yana ƙarya ba ya juyowa lokaci ɗaya. Saje ya dubi matar da ta yi shekara goma sha biyu tana wanke masa kaki, ya kawar da kai, ya ce:

"Ƙanwar matata ce, ranka ya daɗe."

Yarinyar ta ɗaga kai ta ja wandonsa, ta ce, "Baba, Mama ce fa."

Kyaftin ya juya ga matar ya ce, "Baiwar Allah, ke wace ce?" Ta ajiye jakar a ƙasa a hankali. Ba ta yi kuka ba, ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Ni matarsa ce. Ban san abin da ake ciki ba, amma ni matarsa ce." Kyaftin ya sa aka buɗe ƙofa. Babu kowa a ciki. Tabarma ɗaya, butar shayi, da rediyo yana ta surutu shi kaɗai.

Sauran labarin gajere ne. Aka kai shi kotun soja. Akawun nan ya rantse bai taɓa ba shi wata shawara ba, kuma ba hannunsa ne a takardar ba. Aka cire igiyoyin nan uku a gaban kuratan da ya horar, aka sallame shi ba fansho, aka ce ya mayar da abin da ya karɓa. Babu inda za a samo sai gidan, aka sayar da shi da gaggawa a kan abin da bai kai ba. Suka koma haya, ɗaki ɗaya da rumfa, su huɗu. Yanzu yana lodin kaya a wani shago, keken ɗinkin matar ne ke riƙe da rabin gidan.

Kuna tsammani ta tafi? Ba ta tafi ba. Da dangi suka ce ta dawo gida, ta ce mijinta ne, kuma a ranar wahala ba a barin mutum. Tana dafa masa, tana shafa masa magani a baya in ya dawo, ba ta taɓa yi masa gori a gaban 'yarsu ba. Sau ɗaya tak ta yi maganar. Ta ce, "Kuɗin na yafe. Gidan na yafe, dama ba mu zo duniya da shi ba. Amma ina tsaye a gabanka ka ce ba ni ba ce. Ina roƙon Allah ya cire min wannan, har yau bai fita ba."

Ya tuba, kuma muna kyautata masa zaton Allah ya karɓa. Sai dai ga abin da ya rage. In za su fita tare, sun kai bakin titi, ya ce mata, "Na kulle ƙofa." Sai ta ce to. Sannan ta koma a hankali, ba fushi ba komai, ta taɓa kwaɗon da hannunta, ta dawo. Shi kuwa yana tsaye a titi yana kallonta. Ya gaya wa wani amininsa cewa ranar da aka cire masa igiya bai ji zafin da yake ji a wannan 'yar tsayuwar ba.

Ya 'yan uwa, mutumin nan ba don ƙin iyalinsa ya yi abin da ya yi ba. Don sonsu ya yi. Abin da ya sa nake jin tsoron labarin ke nan. Shaiɗan ya san ba zai same ka ta giya ba, sai ya zo maka ta fuskar 'yarka. Ya ce maka ɗan gurbi ne a takarda, ya ce maka dukiyar hukuma ba ta kowa ba ce. Ƙarya yake. Tana da masu ita, kuma ga ɗaya can da 'ya'ya uku a ɗaki ɗaya. Duk takardar da ka sa wa hannu shaida ce, ko an bincika ko ba a bincika ba. Kuma duk abin da za ka shigar gidanka wanda ba za ka iya gaya wa matarka asalinsa ba, kada ka shigar da shi. Iyalinka za su iya zama a gidan haya su yi dariya. Abin da ba za su iya ba shi ne su mayar da maganarka yadda take a da, bayan sun ji ka yi musun su.

Wanda ke da irin wannan takarda a wani ofis, ya je gobe da safe ya gyara, tun alƙalami na hannunsa.

Ya Allah, ka wadatar da mu da halal ɗinka. Ka sa maganarmu ta zama abin dogaro a cikin gidajenmu. Ka dubi bawan nan naka da matarsa, ka wanke abin da ya rage a zuciyarta. Mu kuma da muka ji, Allah ya kiyaye mu, ya kiyaye harsunanmu da hannuwanmu. Amin.